Yadda ake gyara shafin biki ya yi kyau a wayar hannu

Lokacin bikin 'yar yayata, ni aka ɗora wa aikin shafin gayyata na intanet. Kwana uku na yi a gaban kwamfuta ina jera hotuna da furanni, na zaɓo rubutu mai ruwan zinare a kan shimfiɗa mai ruwan madara, duk wanda ya leƙo sai ya ce tubarkalla. Bayan magariba na tura adireshin shafin a zauren dangi na WhatsApp. Ko isha'i ba a kira ba sai ga wayar Gwaggo daga Zariya: "Ɗan nan, abin nan naku sai juyawa yake yi, ya ƙi buɗewa. Faɗa mini da baki kawai, ƙarfe nawa ne kamun?" Washegari Kawu ya miƙo mini wayarsa, wata tsohuwar Tecno mai tsagaggen gilashi, ya ce, "Duba mini nan, ina sunan masallacin?" Sunan yana nan, amma ƙanana kamar ƙwayar gero, kuma kalmar ɗaurin aure ta fito da ɗan akwati a gurbin harafinta na farko.

Abin ya dame ni ƙwarai, don waɗannan su ne mutanen da aka yi shafin dominsu. Mai buɗe shafin biki a wajenmu ba a gaban kwamfuta yake ba. Daga WhatsApp yake latso shi, a waya irin Tecno ko Infinix ko itel, wataƙila datarsa ta kusa ƙarewa, wataƙila yana tsaye a rana yana neman hanyar zuwa wurin. Shi za ka sa a ranka daga farkon aikin har ƙarshensa.

Mataki na farko: me zai fara gani?

Kafin ka taɓa kwamfuta, ɗauki takarda ka zana siffar waya a tsaye. Abin da zai shiga wannan akwatin shi ne abin da baƙo zai gani kafin ya ja shafin sama: sunan ango da amarya, ranar ɗaurin aure, lokaci, da wuri. Shi ke nan. Labarin yadda suka haɗu da jerin hotunan kafin aure duk su koma ƙasa.

Bayan haka sai sauran shagulgula su biyo a jere bisa kwanakinsu: sa lalle, kamu, walima, kai amarya, duk wanda za a yi. Kowanne da ranarsa, lokacinsa, wurinsa, da bayanin ko na mata ne zalla ko na kowa da kowa. In akwai anko, sa hoton yadin kusa da taron da za a saka shi. Rubuta sunan rana tare da kwanan wata, misali Asabar 14 ga wata, don mutanenmu sun fi riƙe sunan rana. Kuma kada ka tsaya a "bayan sallar Juma'a" kawai, tunda masallatai ba lokaci ɗaya suke tayar da salla ba. Faɗi masallacin, faɗi ƙarfe nawa.

Mataki na biyu: jeri ɗaya daga sama zuwa ƙasa

Faɗin fuskar yawancin wayoyin Android, a ma'aunin da shafukan intanet ke aiki da shi, bai wuce fiksel 360 zuwa 412 ba. Babu wurin jera abubuwa uku gefe da gefe. Komai ya sauko a jeri ɗaya, kada baƙo ya taɓa buƙatar jan shafin hagu ko dama.

In da manhajojin gina shafi irin su Google Sites ko Carrd kake ginawa, su da kansu suke sake jera abubuwa a waya, naka shi ne ka duba ko sun jeru yadda kake so. Wix kuwa yana da sashen gyaran waya daban, kuma mutane da yawa suna mantawa da shi gaba ɗaya. Shiga can ka gyara. In da hannunka kake rubuta HTML, wato harshen da ake gina shafi da shi, tabbatar wannan layin yana cikin sashen kan shafin:

<meta name="viewport" content="width=device-width, initial-scale=1">

In babu shi, waya za ta ɗauki shafin a matsayin na kwamfuta ta matse shi, rubutu ya koma kamar tururuwa. Sannan a CSS, wato inda ake tsara kamannin shafi, ka sa wa hotuna max-width: 100% da height: auto don kada wani ya tsallake gefen allo.

Kuskure guda da nake yawan gani: a ɗauki hoton katin gayyata na takarda a manna shi a shafi, a ce an gama. Rubutun da ke cikin hoto ba ya girma, ba ya sake jeruwa, ba a iya kwafe adireshi daga cikinsa. Sa katin don ado in kana so, amma sake rubuta bayanan da rubutu na gaske.

Mataki na uku: rubutu, da haruffanmu masu lanƙwasa

Girman rubutun bayani kada ya gaza fiksel 16. Ni yanzu 18 nake sawa, don dattawa da yawa ba da tabarau suke duba waya ba.

Launi ma haka. Ruwan zinare a kan fari yana da kyau a ɗaki mai duhu, amma fita da wayar tsakar rana a Kano ko Maraɗi ka gani, rubutun ɓacewa yake. Ƙa'idar WCAG, wadda aka yi don sauƙaƙa karatu a intanet, ta ce bambancin hasken rubutu da na shimfiɗarsa ya kai 4.5 zuwa 1. Hanya mafi sauƙi ita ce rubutu mai duhu sosai a kan shimfiɗa mai haske. Ruwan zinaren a bar shi wa zanen gefe da furanni.

Ga matsalar da ta shafe mu mu kaɗai, wadda ta kama ni a wayar Kawu. Yawancin salon rubutu masu kwalliya, irin masu kama da rubutun hannu da ake so a katin biki, ba a zana musu ɓ da ɗ da ƙ ba, balle ƴ da 'yan'uwanmu na Nijar ke rubutawa. In waya ta zo kan harafin da babu, ko dai ta aro shi daga wani salon daban ya tsaya a tsakiyar kalma kamar baƙo, ko ta sa akwati. Kafin ka zaɓi salo a Google Fonts, rubuta "ɗaurin aure, Ƙofar Mata, ɓangare" a wurin gwaji ka gani da idonka. Noto Sans da Noto Serif suna da haruffan duka, haka ma Andika da Charis SIL, waɗanda aka yi su da harsuna irin namu a zuciya. Salon kwalliya ya tsaya a kan sunayen ango da amarya, in babu harafi mai lanƙwasa a cikinsu. Salo biyu sun isa, don kowane ƙari nauyi ne da waya za ta sauke. Ka kuma tabbatar shafin yana kan UTF-8, tsarin adana haruffa da ya san namu masu lanƙwasa.

In za ka buɗe da Bismillah ko addu'ar aure da Larabci, sa wa sakin dir="rtl", ka yi amfani da Amiri ko Noto Naskh Arabic, kuma ka ba wani malami ya duba wasulan kafin ka saki shafin.

Mataki na huɗu: hotuna

Nan ne shafukan biki suka fi mutuwa, kuma shi ne dalilin da shafina ya yi ta juyawa a wayar Gwaggo. Hoton da mai ɗaukar hoto ya ba ka yakan kai faɗin fiksel 4000 zuwa 6000, nauyinsa megabait biyar ko fiye. Lissafa: hoto ashirin masu megabait biyar-biyar, megabait ɗari ke nan. Ka sa mutum ya ƙone datarsa ta yini don ya san ƙarfe nawa ne walima. Wannan ba adalci ba ne ga wanda ka gayyata.

Ga yadda nake yi. Ina buɗe Squoosh, shafin rage nauyin hoto wanda ke aiki kyauta a cikin burauza, in jefa hoton ciki. In rage faɗinsa zuwa fiksel 1200, in zaɓi tsarin WebP, in sauke ingancinsa zuwa wajen 75. Akwai layi a tsakiya da za ka ja ka kwatanta na asali da sabon. Duba fuskar amarya da zanen lallenta, in ba su dusashe ba, ya yi. Hoton megabait biyar yakan dawo ƙasa da kilobait 200. Burina shi ne duk abin da zai sauka a buɗewar farko kada ya wuce megabait ɗaya.

Hotunan da ke ƙasa kuma a sa musu loading="lazy", wato ba za su sauka ba sai baƙo ya kusa isa gare su. Ban da na saman shafi, shi ana so ya fito nan take.

Zaɓi hoton tsaye don saman shafi. Na kwance, in waya ta yanke gefensa, sau da yawa rabin ango ne ke tafiya. Kuma hoto shida ko takwas masu kyau sun wadatar.

Kiɗa mai tashi da kansa kuwa, bar shi. Tun 2018 Chrome yake hana sauti tashi kafin mutum ya taɓa shafi, kuma ko da ya tashi, wani a ofis yake, wani a bakin masallaci. Bidiyo ma a ɗora shi a YouTube a sa mahaɗinsa kawai.

Mataki na biyar: maɓallan da babban yatsa zai iya latsawa

Google na ba da shawarar kowane abin latsawa ya kai fiksel 48 a tsayi da faɗi, Apple kuma 44. Bar tazara tsakaninsu. Uku ne suka fi muhimmanci.

Na taswira: je wurin da kanka, ko ka tura wani, a dasa alama a Google Maps daidai bakin ƙofa, a kwafo mahaɗin. Kada ka cusa taswirar kanta cikin shafi, tana da nauyi, kuma tana kama yatsan mai jan shafi. Amma ƙara kwatance irin namu a ƙasa, "bayan gidan mai, layi na biyu hannun dama", don mai Adaidaita da kwatance yake aiki.

Na kira: mahaɗi mai farawa da tel: sai lambar. Na WhatsApp kuma wa.me/ sai lambar ƙasa da lambar waya ba tare da sifirin farko ba: 234 ga Najeriya, 227 ga Nijar, 233 ga Gana. Lambar wani ɗan'uwa mai kula da baƙi za a sa, ba ta amarya ba.

In kana son sanin masu zuwa, fom ɗin ya tsaya a suna, lambar waya, da adadin mutane. Gurbin lamba ya zama type="tel" don allon lambobi ya fito. Rubutun cikin gurbi kada ya gaza fiksel 16, in ba haka ba iPhone za ta zuƙo shafin da kanta ta karkatar da shi.

Wata magana da ba ta ado ba ce amma ba zan tsallake ta ba: duk abin da ya shiga WhatsApp ya bar hannunka. Kada ka sa adireshin gidan da amarya za ta tare. Tambayi iyayen ɓangarorin biyu kafin ka ɗora hotunansu, kuma ka sa umarnin noindex don kada shafin ya riƙa fitowa a binciken Google.

Mataki na shida: yadda zai fito a WhatsApp

Ɗan hoton nan da taken da ke fitowa in an tura adireshi, daga alamomin og:title da og:description da og:image suke zuwa. Yi hoto mai fiksel 1200 da 630, mara nauyi, JPEG, fuskoki a tsakiya. A bayanin ka sa rana da wuri, don wani ba zai latsa ba sam, nan zai karanta ya wuce. Tura wa kanka tukuna ka gani, domin WhatsApp yakan riƙe tsohon hoton ko bayan ka canja shi.

Mataki na bakwai: gwaji

A Chrome na kwamfuta, danna F12, sannan Ctrl da Shift da M, shafin zai koma siffar waya. Sa faɗi 360, rage gudun intanet zuwa 3G, sake buɗewa kana ƙirga daƙiƙu. PageSpeed Insights, shafin Google mai auna saurin shafuka, ma zai nuna maka hoton da ya fi nauyi.

Amma wannan share fage ne. Ari waya mafi tsufa a gidanku, kashe wayifai, buɗe shafin da data daga cikin WhatsApp. Gwada shi a Opera Mini ma, don har yanzu akwai masu aiki da ita saboda tsimin data, kuma takan watsar da wasu kwalliyar. Fita da wayar rana. Daga nan miƙa wa wani dattijo ba tare da ka nuna masa komai ba, ka ce, "Baba, duba mini ƙarfe nawa ne ɗaurin auren, kuma a wane masallaci?" Tsaya gefe ka yi shiru kana kallon yatsansa. Duk inda ya tsaya, ko ya matso da wayar kusa da idonsa, ko ya latsa abin da ba shi ba, rubuta shi, koma ka gyara, sannan ka sake miƙa masa kafin ka tura wa dangi.