Bashin gida: yadda nake lissafin biyan wata da jimillar kuɗin

Ranar wata Asabar bayan la'asar ƙanena ya shigo da takarda a aljihun gaban riga, fuskarsa wasai. Ya gaji da haya a Unguwar Dosa da ke Kaduna, mai gida ya ƙara masa kuɗi sau biyu cikin shekara uku. Ya ga wani gida mai ɗaki biyu da falo a hanyar Danbushiya, can wajen Millennium City, naira miliyan 12. Ya tara miliyan 2 na kafin alƙalami, banki zai ba shi miliyan 10.

"Yaya, dubu saba'in da 'yan kai ne kawai a wata," in ji shi. "Ai zan iya."

Na ce, "To, wata nawa? Kuma in ka gama biya, nawa ka ba su gaba ɗaya?"

Ya juya takardar gaba da baya. Bai sani ba. Ban ga laifinsa ba, don ni ma da na sa hannu a nawa shekara tara da suka wuce, kuɗin wata kaɗai na duba, alhali aikina ke nan, shekara ashirin da ɗoriya ina ofishin akanta. Ga abin da na zaunar da shi na nuna masa, da biro da bayan tsohuwar kalanda.

Abu uku ne ke haifar da kuɗin da za a riƙa cire maka: uwar kuɗin da ka ranta, ruwan da aka ɗora a shekara, da yawan watannin biya. Nasa bashin na Asusun Gidaje na Ƙasa ne, wato NHF, wanda aka kafa a 1992 kuma Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya, FMBN, ke riƙe da shi. Shi ne kashi 2.5 cikin ɗari ɗin nan da ma'aikaci ke gani an zaftare a takardar albashi, ya yi tsaki ya wuce. Wanda ya yi aƙalla wata shida yana zubi yana iya neman rance ta hannun bankin lamunin gidaje mai lasisi, ruwan kashi 6 cikin ɗari a shekara, biya har zuwa shekara 30. Amma talatin ɗin nan ba kowa ke samu ba. Ana duba shekarun da suka rage maka kafin ritaya, kuma ma'aikacin gwamnati yana ajiye aiki ne in ya kai shekara 60 da haihuwa ko 35 a bakin aiki. Ƙanena yana da 39, don haka shekara 20 aka rubuta masa, wata 240.

Fara da ruwan wata ɗaya. Raba 6 gida 12, ka sami rabin kashi ɗaya, wato 0.005. Buga shi da miliyan 10, naira 50,000. Wannan shi ne ruwan watan farko, ko sisi bai taɓa uwar kuɗi ba. Sai ka ɗauko kwalkuletar waya, ka kwantar da wayar don maɓallan kimiyya su fito, ka ninka 1.005 da kansa sau 240. Zai ba ka 3.3102. Cire 1, saura 2.3102. Raba 3.3102 da 2.3102, ka buga abin da ya fito da 50,000 ɗin nan. Amsa: naira 71,643 kowane wata. Mai kwamfuta ya buɗe Excel ya rubuta =PMT(0.005,240,-10000000), amsar ɗaya ce.

Yanzu lissafin da ko ɗan firamare zai iya, amma manya ke tsallakewa. Buga 71,643 sau 240. Naira miliyan 17 da dubu 194. Ya ranci miliyan 10, zai mayar da 17.19, ruwa ya ci 7.19. Haɗa da miliyan 2 da ya ba da tun farko, gidan miliyan 12 ya tashi a miliyan 19 da ɗoriya, kuma ba mu zo kan kuɗin takardu ba tukuna.

Inda na fi daɗewa da shi shi ne yadda 71,643 ɗin ke rabuwa biyu, don a nan ne mutane ke zaton an cuce su. Watan farko, 50,000 ruwa ne, 21,643 kacal ke rage bashi. Wata na biyu bashin ya koma 9,978,357, ruwansa 49,892, abin da ya shiga uwa 21,751. Ka ga bambancin? Naira ɗari da 'yan kai. Haka abin ke tafiya kamar kunkuru, kowane wata ruwa na raguwa kaɗan, rabon uwa na ƙaruwa kaɗan, kuɗin da ake cirewa kuwa bai motsa ba. Sai a wata na 103, bayan shekara takwas da rabi, rabon uwa ke haura na ruwa. Nawa ya haura wata shida da suka wuce, kuma ranar sai da na saya wa yara tsire a Kawo, uwarsu tana ta tambayar ko ƙarin girma aka yi mini.

Ma'anar wannan ita ce rabin lokaci ba rabin bashi ba ne. Bayan shekara 10, ƙanena zai zama ya biya kusan miliyan 8.6, amma ana binsa miliyan 6.45. Duk wanda ke da niyyar sayar da gidan bayan shekara biyar ko shida ya koma wani gari, ya san cewa yawancin abin da ya zuba ruwa ne, abin da ya mallaka a gidan bai taka kara ya karya ba, sai fa in gidan ya yi daraja. Shi ya sa nake cewa kada ka bar ofishin banki sai an ba ka jadawalin biya, takardar da ke jera kowane wata: ga ruwa, ga uwa, ga ragowa. Haƙƙinka ne. Ka gwada layi biyu na farko da kwalkuleta a gabansu.

Sai batun shekaru. Da a ce an ba shi 30, kuɗin wata zai sauko zuwa 59,955. Ya ji daɗin wannan adadi sai da na buga masa sau 360: miliyan 21.58. Sauƙin 11,688 a wata, amma ƙarin miliyan 4 da dubu 390 a jimilla. In kuwa shekara 15 ne, 84,386 a wata, jimilla miliyan 15.19. Shekara 10, 111,021 a wata, jimilla miliyan 13.32. Ba na cewa gajeren lokaci ya fi ga kowa. Ƙa'idar asusun ita ce kada biya ya wuce kashi ɗaya cikin uku na abin da kake samu, don haka mai biyan 71,643 sai albashinsa ya kai wajen 215,000. Ni ma ina ganin ko da ba ƙa'ida, wanda ya wuce haka zai gane kurensa ranar da kuɗin makaranta da ragon layya suka haɗu a wata ɗaya.

Akwai tambaya ɗaya da za ka yi da bakinka, ka kuma nemi amsarta a rubuce: ruwan nan a kan ragowar bashi ake lissafa shi, ko a kan ainihin kuɗin da aka ranta har ƙarshe? Duk lissafin da na yi a sama na ragowa ne. Wasu ƙungiyoyin adashi na ma'aikata da wasu masu gina rukunin gidaje suna yin na biyun. Su ma "kashi 6" za su ce maka. Amma nasu 600,000 ne kowace shekara har 20, ruwa miliyan 12, jimilla miliyan 22, wata-wata 91,667. Suna ɗaya, bambanci miliyan 4.8. Wani abokin aikina ya faɗa wannan rami, bai farga ba sai da muka ajiye takardunmu gefe da gefe.

Tambaya ta biyu: ruwan a tsaye yake ko yana iya canzawa? Na NHF a tsaye yake. Na bankunan kasuwanci yawanci yana bin ma'aunin ruwan da Babban Bankin Najeriya ya tsayar, wanda ya kai kashi 27.5 a ƙarshen 2024. Bari mu ƙaddara banki ya ba ka miliyan 10 ɗin nan a kan kashi 25, shekara 20. Kuɗin wata 209,821. A watan farko 208,333 ruwa ne, abin da ya rage bashi 1,488, kuɗin da bai kai na mudun shinkafa ba. Jimilla ta haura miliyan 50. Ni dai ban ga albashin da zai ɗauki wannan ba. Wanda ya rasa hanyar asusun gwamnati, gara ya sayi fili a Rigachikun ko bayan Mando ya riƙa ɗora bulo a hankali kamar yadda iyayenmu suka yi.

Na san tun ɗazu wani na cewa, Malam, duk wannan ai riba ce. Maganar na da nauyi, kuma ni ba malami ba ne, kowa ya je wa malaminsa. Ƙanena ma ya tsaya a kanta, matarsa ta fi shi tsayawa. Akwai bankunan da ba sa mu'amala da ruwa, Jaiz ya fara aiki a 2012, TAJ a 2019, Lotus a 2021. A tsarin murabaha banki ke sayen gidan ya sayar maka da ribar da kuka amince tun farko, ka biya kashi-kashi, farashin ba ya ƙaruwa. A ijara haya kake biya har gidan ya zama naka. Akwai kuma musharaka, inda ku biyu kuka mallaki gidan, kana sayen rabon banki kaɗan-kaɗan kana biyan hayar ragowar. FMBN ma na da tsarin haya har zuwa mallaka. Abin da nake jan kunne a kai shi ne halaccin ciniki daban, arha daban. Can ma sai ka buga kuɗin wata da yawan watanni ka ga jimilla. Ka kuma tambaya: in na biya da wuri, za a yafe mini wani abu daga ribar? In ijara ce, ana sake duba kuɗin hayar bayan wasu shekaru?

Sai ƙananan kuɗaɗen da ba sa cikin 71,643, waɗanda su ne suka kusa kayar da ni a lokacina. Banki ba ya karɓar gida jingina sai da takardar mallaka ta gwamnati, a Kaduna kuwa hukumar filaye ta jiha, KADGIS, ke bayar da ita, can kuma ake binciken ko filin na da rigima ko an riga an jinginar da shi. Dokar filaye ta 1978 ta ce sai da amincewar gwamna ake jinginar da fili mai irin wannan takarda, kuma neman amincewar na da kuɗinsa. Ga kuɗin mai ƙiyasta darajar gida, ga na lauya, ga harajin hatimi, ga rajistar jingina, ga la'adar dillali in ta hannunsa ka bi. Ga inshorar gobara da ta rai, wadda ke biyan ragowar bashi in mutum ya rasu don kada a fitar da marayu waje. Ita kowace shekara ce, ka tambaya ko tana cikin kuɗin wata ko daban za a cira. Ga kuɗin ƙasa na shekara-shekara. Ka sa a jera maka su duka da adadinsu a takarda guda kafin ka biya na fom. Ni da ban yi haka ba, sai da na sayar da mashin ɗina ana saura mako biyu a rufe ciniki.

Wata ƙofa da ba kowa ya sani ba: tun 2022 hukumar fansho, PenCom, ta ba da dama ma'aikaci ya ciri har kashi 25 cikin ɗari na abin da ke asusun fanshonsa don biyan kafin alƙalamin gida. Yana taimako, sai dai kuɗin tsufanka ne kake ci tun yanzu.

In bashin ya fara tafiya, hanyar rage jimilla ita ce ƙari a kan uwa, kuma tun da wuri, lokacin da ruwa ke da ƙarfi. Ƙanena in ya ɗora 10,000 kowane wata, ya riƙa biyan 81,643, zai gama a wata 190 maimakon 240. Ya huta shekara huɗu da wata biyu, ya tsira da kusan miliyan 1.7. Amma ka tabbatar yarjejeniyar ba ta sa tara a kan biya da wuri ba, kuma ka rubuta wa banki cewa ƙarin a uwar kuɗi za a sa shi, kada su ajiye shi a matsayin biyan watan gobe.

Gaskiya ɗaya da ke gefen mai bashi, don kada a ce tsoratarwa kawai na iya: hauhawar farashi ta haura kashi 34 cikin ɗari a ƙarshen 2024. Kuɗin da ake cire mini yau shi ne na shekara tara da suka wuce, ko kwabo bai ƙaru ba, maƙwabtana masu haya kuwa an ninka musu. Miliyan 7 na ruwa da za a biya a hankali cikin shekara 20 ba nauyinsu ɗaya da miliyan 7 na yau ba. Wannan ga mai ruwa a tsaye ne kawai, kuma ga wanda albashinsa ke zuwa a kan kari, don wata uku a jere ba biya ya isa a fara aiko maka da wasiƙa.

Da aka kira magariba ƙanena ya yage bayan kalandar ya ninke ya sa a aljihu tare da takardar bankin. Ranar Litinin ya kira ni daga ofishin bankin, murya ƙasa-ƙasa.

"Yaya, sun ba ni jadawalin. Layin farko 50,000 da 21,643, daidai da naka. Amma inshora ba ta ciki, kuma kuɗin takardu sun fi abin da ya rage mini a asusu."

Na ce ya karɓo jerin ya zo da shi. Ya ce daga nan zai leƙa bankin da ba ruwa ya karɓo nasu lissafin, don matarsa ta ce ba za ta tare ba sai ta ga takardun biyu a kan tabarma ɗaya.