Yadda za ka bibiyi aikin Álvaro Morte tun kafin ya zama Farfesa

Yawancin mutane da gilashin nan na Farfesa suka san Álvaro Morte a shirin nan na fashi La Casa de Papel, wato Money Heist, shi ke nan, kamar daga sama ya faɗo a 2017. Alhali mutumin nan an haife shi tun 1975 a Algeciras da ke kudancin Sifaniya, wato sai da ya kai shekara 42 kafin duniya ta san fuskarsa. Ni wannan ne ya sa nake ganin in dai kana son ka san jarumin da gaske to kada ka fara da fim ɗin da ya yi suna, ka koma baya ka taho a hankali.

Fara da gyara yadda kake neman sunan. Morte sunan sana'a ne, sunansa na ainihi Álvaro Antonio García Pérez, kuma a Sifaniya kowa sunan dangi biyu yake ɗauka, yawanci na uba sannan na uwa, shi ya sa in ka ga García Pérez a wata takarda kada ka ɗauka wani mutum ne daban. Haka finafinan ma, ka riƙa neman su da sunansu na Sifaniyanci. Misali fim ɗin da ya yi a 2018 sunansa Durante la tormenta amma a waje Mirage ake ce masa, in ba ka san haka ba sai ka yi ta yawo kana zaton fim biyu ne.

Daga nan ka ɗan tsaya a kan tasowarsa. A Bujalance ya girma a lardin Córdoba, ya fara karatun injiniya sai ya ajiye ya shiga makarantar wasan kwaikwayo ta Córdoba. Ɗan dandamali ne tun asali, ba gaban kyamara ya fara ba, har ya kafa ƙungiyar wasansa mai suna 300 Pistolas a 2012. Shekara ɗaya kafin nan, a 2011, aka gano masa ciwon daji a ƙafarsa ta hagu, ya yi jinya ya warke ya dawo bakin aiki. Ka riƙe wannan a ranka kana kallon sauran, don gaskiya ni tunda na sani kallon da nake masa ya canza.

To yanzu sai kallo. Ya fara da ƙananan fitowa a talabijin irin su Hospital Central, ba sai ka wahalar da kanka kana neman waɗannan ba. Inda ya kamata ka zauna shi ne El secreto de Puente Viejo na tashar Antena 3, inda ya fito a likita Lucas Moliner. Shiri ne mai dogon zango da aka riƙa sakawa kullum da rana a ranakun aiki, kashi-kashinsa sun wuce dubu biyu saboda haka kada ma ka ce za ka gama shi, ka nemi guda uku ko huɗu da yake ciki kawai ka kalla. Irin wannan shirin aiki ne na gaggawa, yau a ba ka takardu ka haddace gobe a ɗauka, babu lokacin maimaitawa sosai, kuma a nan za ka ga yadda ya iya riƙe doguwar magana ba tare da ta gundure ka ba, abin da daga baya ya yi masa rana lokacin da Farfesa yake tsaye gaban allo yana ta bayanin yadda za a shiga gidan buga kuɗi na Madrid.

Sai ka zo kan La Casa de Papel ɗin, amma wannan karon da muryarsa ta asali. Don Allah ka kashe muryar Turancin da aka ɗora, ka bar Sifaniyancin ka kunna rubutun ƙasa, saboda rabin aikinsa a murya yake. Ka saurari yadda yake magana da 'yar sanda Raquel a waya a matsayin Farfesa, a natse, kalma ɗaya-ɗaya, sannan ka saurare shi in sun haɗu ido da ido yana Salva, sunan bogin da Farfesa yake ɓoye kansa da shi, mai jin kunya da ɗan in-ina, mutum ɗaya ne amma kunnenka zai ce maka biyu ne. Ka kuma sani Antena 3 ce ta fara nuna zangonsa na farko a watan Mayun 2017 a kashi 15, Netflix ce ta sake yanka su zuwa 22, shi ya sa lissafin yake bambanta daga wuri zuwa wuri. An rufe labarin a Disambar 2021.

Kana gamawa kada ka huta, ka shiga El embarcadero na 2019, shi ma Álex Pina, wanda ya ƙirƙiro La Casa de Papel, na cikin waɗanda suka ƙirƙira. A nan Óscar yake, mutum mai rayuwa biyu da mata biyu, an ɗauka a yankin tafkin Albufera kusa da Valencia, babu gilashi babu lissafi, jiki a sake. Kallon su a jere shi ne zai nuna maka me nasa ne me kuma na Farfesa ne.

In kana da sauran lokaci akwai Sin límites na 2022 inda ya fito a Juan Sebastián Elcano, matuƙin jirgin ruwan da ya ƙarasa zagaye duniya a 1522 bayan mutuwar Magellan da ya fara jagorantar tafiyar. Waɗanda ya yi da Turanci kuwa, The Wheel of Time inda yake Logain da kuma Immaculate na 2024, ka bar su a ƙarshe, lokacin kunnenka ya riga ya saba da muryarsa a yarensa.