In kana son aikin diflomasiyya ta ɓangaren kasuwanci da al'adu, ga inda za ka fara

Yara da yawa in ka tambaye su me suke so su zama sai su ce ambasada, kuma abin da ke ransu mota mai tuta da kwat da liyafa. To ƙanena, ke ma ƙanwata, ambasada shi ne ƙarshen tsani, kafin a kai can akwai shekara ashirin ko fiye na aikin da ba a nunawa a talabijin, kuma ɓangaren da ni nake ganin ya fi amfanar talaka a cikinsa shi ne na kasuwanci da al'adu, wato jami'in da ke zaune a ofishin jakadancinmu a wata ƙasa yana nema wa riɗinmu da zoɓonmu da fatarmu kasuwa, yana kuma sa mutanen can su san mu da wani abu ban da labarin tashin hankali.

Bari mu fara da ƙofar shiga, don ita ce mutane suka fi ruɗewa a kai. A Najeriya jakadu kashi biyu ne. Akwai na siyasa waɗanda shugaban ƙasa ke ɗaukowa daga waje, akwai kuma waɗanda suka taso a cikin ma'aikatar harkokin waje tun daga ƙasa, dukkansu sai majalisar dattawa ta tantance su, sannan ƙasar da za a tura mutum sai ta amince kafin ya je ya miƙa takardunsa. Kai hanyarka ita ce ta biyu. Hukumar ɗaukar ma'aikatan gwamnatin tarayya ce ke ɗauka, kana buƙatar digiri da satifiket ɗin NYSC da takardar shaidar asalin ƙaramar hukuma saboda tsarin raba daidai tsakanin jihohi, mai digirin farko yawanci a mataki na 8 yake farawa. Ka riƙa duba shafin hukumar da kanka, kada ka ba kowa ko sisi wai zai samo maka gurbi, masu damfara sun yi yawa a wannan harka. In Allah ya sa an ɗauke ka za ka fara aiki a hedikwata, gidan Tafawa Balewa a Abuja, a tura ka makarantar horas da jami'an diflomasiyya ta ma'aikatar, daga baya a yi maka fostin. Matakan kuwa daga sakatare na uku ne zuwa na biyu zuwa na ɗaya, sai kansila na ofishin jakadanci, haka dai har sama.

Wane kwas za ka karanta? Ba dole sai huldar ƙasa da ƙasa ba, duk da ABU Zariya da wasu jami'o'in suna koyar da shi. Tattalin arziki, shari'a, tarihi, harsuna, duk suna shiga. Ni dai in za ka bi shawarata, in ɓangaren kasuwanci kake so, ka karanta tattalin arziki ko shari'a sannan ka ɗora yare a kai.

Maganar yare nan zan ɗan tsaya, don nan ne ake barinmu a baya kuma bai kamata ba. Duba taswira, Nijar, Chadi, Kamaru, Benin, duk Faransanci suke aiki da shi a ofis, amma sai ka ga ɗan Katsina ko ɗan Sakkwato da zai iya zuwa Maraɗi ko Birnin Ƙonni ya dawo a yini ɗaya ba ya iya karanta wasiƙar Faransanci. Hausa za ta kai ka kasuwa da fadar sarki a can, wannan babban jari ne wallahi wanda abokin aikinka daga wani yankin ba shi da shi, amma takardar yarjejeniya ba da Hausa za a rubuta ta ba. Akwai Alliance Française a Kano, akwai ƙauyen koyon Faransanci na gwamnatin tarayya a Badagry, fara tun kana makaranta. Wanda ya yi islamiyya sosai kuma yana da rabin Larabci a hannu, saura ya koyi na zamani irin na jarida da na kwangila, don Larabcin littattafan fiƙihu daban, wanda ake ciniki da shi a Jidda ko Dubai ko Alƙahira daban. Larabci da Faransanci duk suna cikin harsuna 6 na Majalisar Ɗinkin Duniya. In kana da ƙarfin hali ka ƙara da Sinanci, ka san yawan 'yan kasuwarmu da ke Guangzhou.

Sai rubutu. Wannan aikin rabinsa rubutu ne, rahoto zuwa hedikwata, taƙaitaccen bayani da za a ba minista ya karanta a mota kafin ya shiga taro, wasiƙar da ofishi ke aika wa ma'aikatar harkokin wajen ƙasar da kake. Gwada kanka yanzu, ɗauki labari ɗaya, misali ficewar Nijar da Mali da Burkina Faso daga ECOWAS da ta tabbata a Janairun 2025, ka rubuta a shafi ɗaya tak me hakan ke nufi ga mai shigo da albasa da wake da dabbobi ta Illela ko Jibiya ko Maigatari, sannan me kake ba gwamnati shawara ta yi. In ka kasa tsayar da shi a shafi ɗaya ka sake, kowane mako ka yi ɗaya. Ka kuma nemi yarjejeniyar Vienna ta 1961 kan huldar diflomasiyya da ta 1963 kan aikin ƙaramin ofishin jakadanci ka karanta su da kanka, ba su da tsawo, a ciki za ka ga har ina kariyar jami'i ta tsaya da yadda ƙasa ke iya cewa ba ta son ka ka fita, ba sai ta faɗi dalili ba.

Yanzu ainihin aikin kasuwancin. Tun 1988 lokacin Ike Nwachukwu yana ministan waje aka fara kiran diflomasiyyar tattalin arziki a matsayin manufa, amma magana a taro daban, sanin kaya daban. A 2015 Tarayyar Turai ta hana shigar da busasshen wake daga Najeriya saboda maganin ƙwari da aka samu ya yi yawa a ciki, irin wannan piya-piya da ake zubawa a buhu don kada ƙwaro ya ci. Meziko ma, wadda ke sayen zoɓonmu sosai, ta taɓa dakatar da shi saboda ƙwari. Ka ga abin da ya rufe kasuwa ba siyasa ba ce, abu ne da ya faru a sito a Dawanau ko a wani ƙauye a Jigawa, kuma jami'in da ke Brussels, hedikwatar Tarayyar Turai, ko birnin Meziko shi ne ya kamata ya fara jin ƙanshin matsalar, ya sanar da gida kafin a rufe, in an rufe kuma shi zai yi ta zirga-zirga tsakanin hukumar can da hukumominmu kamar NAQS mai duba lafiyar kayan gona da NAFDAC da NEPC mai bunƙasa fitar da kaya waje har a buɗe. Wanda bai san yadda ake adana wake ba me zai faɗa a wannan teburin?

Don haka ka je kasuwa. Ka zauna da dillalan riɗi ka tambaye su wa ke saye, wane iri Japan ke so wane Turkiyya ke so, nawa ake kashewa daga Kano zuwa tashar jirgin ruwa a Legas, wace takarda kwastan ke tambaya, ina kwantena ke maƙalewa. Ka je wajen majema ka ji yadda fatar jar akuyar Sakkwato ke tafiya Italiya da Sifen ta dawo mana a takalmi mai tsada. Ka karanta abin da AfCFTA ta ƙunsa, yarjejeniyar kasuwar bai-ɗaya ta Afirka da aka fara sa wa hannu a Kigali a 2018, Najeriya ta sa nata a Yamai a Yulin 2019, sakatariyarta tana Accra, musamman dokar da ke tantance asalin kaya, don a kanta ake yawan rigima. Akwai kuma hukumar haɗin gwiwar Najeriya da Nijar da aka kafa tun 1971 mai hedikwata a Yamai, yaro ɗan iyaka ya kamata ya san ta kamar yadda ya san unguwarsu.

Wani abu da za ka yi ta fama da shi a ofis shi ne tantancewa. Kamfani a can zai rubuto ya ce wani a Kano ya ce zai kawo masa tan kaza na citta, mutumin kirki ne? Ɗan kasuwarmu ma zai kira ya ce ya tura kuɗi kaya ba su zo ba. Amsarka za ta iya ceton dukiyar mutum ko ta jefa shi, saboda haka ba ka cewa na san shi sai ka bincika rajistarsa a CAC, hukumar rajistar kamfanoni, kuma kada ka yarda a ba ka kaso a cinikin da ka haɗa, ranar da ka karɓa ka daina zama wakilin ƙasa.

Ɓangaren al'adu mutane suna raina shi wai rawa da kiɗa ne ranar 1 ga Oktoba. Duba maganar kayan tarihin masarautar Benin ta jihar Edo da sojojin Ingila suka kwashe a 1897, an yi shekaru ana tattaunawa, a Yulin 2022 Jamus ta sa hannu ta mayar wa Najeriya mallakar sama da guda 1,000, a Disamba ministar wajenta ta kawo kashin farko Abuja da kanta, lokacin Yusuf Maitama Tuggar ne jakadanmu a Berlin. Wannan aikin al'adu ne kuma sai da sanin shari'a da tarihi da haƙuri. Bikin kamun kifi na Argungu ya shiga jerin UNESCO a 2016, hawan sallar Kano ya shiga a 2024, kowanne akwai fayil da aka rubuta da ƙasashen da aka nemi goyon bayansu. Akwai shirin TAC da aka kafa a 1987 zamanin Bolaji Akinyemi, wanda ke tura malamai da likitoci da injiniyoyinmu ƙasashen Afirka da Karebiyan su yi shekara biyu, ofishin jakadanci ne ke kula da su a can. Ana koyar da Hausa a jami'o'i a Beijing da Warsaw da Jamus, waɗannan malaman da ɗalibansu abokanka ne tun kafin ka sauka, ka neme su. In Ghana ko Sudan ko Saudiyya aka kai ka kuma, za ka tarar da Hausawa da suka yi ƙarni a can, ka je ka gaida sarkin zango ko shugaban al'umma da ladabi a makon farko, ranka ya daɗe ga sabon yaronku an turo, sau da yawa su za su gaya maka abin da ba ya cikin kowane rahoto.

Ka shirya ma wahala. Kuɗin gudanar da ofisoshi kan makara, yara za su yi ta canza makaranta, za a yi rasuwa ko biki a gida ba ka nan, kuma ba kai ke zaɓen ƙasa ba, mai mafarkin Landan zai iya samun kansa a Bangui ta Afirka ta Tsakiya, can ɗin ma ya fi koyon aiki don ofis ƙarami ne komai a kanka yake. Bayan an janye jakadu a Satumbar 2023 an daɗe ba a naɗa wasu ba, ma'aikatan da suka taso a ciki ne suka riƙe ofisoshin. Sannan ka kula da abin da kake rubutawa a Facebook da X tun yau, zagin wata ƙasa ko wani addini da ka yi kana ɗalibi zai iya fitowa ranar tantancewa.

Ke kuma 'yar'uwa kada wani ya ce miki ba aikin mata ba ne, Amina Mohammed ta zama mataimakiyar babban sakataren Majalisar Ɗinkin Duniya a 2017. Abin da ya kamata shi ne a yi maganar fostin da iyali da wanda za ki aura tun da wuri kowa ya san abin da ya shiga.

In ba a buɗe ɗaukar aiki ba bana kada ka zauna jira, nemi NYSC ko aikin wucin gadi a NEPC ko NIPC mai jawo masu zuba jari ko ƙungiyar 'yan kasuwa ta jiharku ko hedikwatar ECOWAS a Abuja, ka yi rajistar ajin Faransanci a wannan watan, ka fara rubuta shafin nan guda na mako-mako kana ajiyewa a fayil ɗaya don ranar intabiyu.