Golf 3 ko Golf 4? Kurakuran da aka fi yi wajen gwada ƙarfin inji da juriyarsa

A tashoshin Gumel, Ringim, Kazaure da Birnin Kudu, in aka ɗauko zancen mota da wuya a tashi ba a yi gardama kan Golf ba. Wani ya ce tun daga Golf 3 Jamusawa ba su sake ƙera mota ba. Wani ya ce ai Golf 4 ta fi doki, kuma sabo ya fi tsoho. Gardamar tana da daɗin ji, amma da ita ake yanke shawarar sayen mota, kuma kuɗin da ake kai wa dillali sau da yawa na shanun da aka sayar ne, ko na riɗin shekara guda. Abin da ya sa lamarin yake damuna ke nan. Mutum ya yi kwatancen da bai zauna daidai ba tun daga gida, ya je Kano ya biya, bayan wata uku mota tana kwance a gindin darbejiya an rufe ta da tamfol.

Kuskuren da ya fi kowanne yawa shi ne ɗaukar sunan zubin mota a matsayin sunan inji. Kamfanin Volkswagen ya fito da Golf 2 a 1983, Golf 3 a 1991, Golf 4 a 1997, Golf 5 kuma a 2003. Kowanne zubi da injina iri-iri ya zo. Ɗauki Golf 3 kaɗai: akwai 1.4 (wato inji mai girman lita 1.4) mai doki 60, akwai 1.6 mai doki 75 da wani 1.6 ɗin mai doki 101, akwai 1.8 mai doki 75 da mai 90, akwai 2.0 mai doki 115, har da VR6 mai silinda shida da doki 174. Ga na gas kuma daban. Duk waɗannan in ka tsaya a bayansu jiki ɗaya za ka gani. To in mutum ya ce maka Golf 4 ta fi Golf 3 ƙarfi, tambaye shi wace da wace. Golf 4 mai injin 1.4 doki 75 gare ta, Golf 3 mai 2.0 kuwa 115. A nan tsohuwar ce gaba, da nisa ma.

Gyaran wannan ba shi da wuya, sai dai mutane ba su saba ba. Kowane injin Volkswagen yana da lambarsa ta haruffa biyu zuwa huɗu, an buga ta a jikin bulok, kuma tana cikin takardar da kamfani yake mannawa a but, kusa da ramin safaya. ABS da ADZ su ne 1.8 mai doki 90. AAM shi ne 1.8 mai doki 75, kuma a ido kusan ba ka bambance shi da ɗan'uwansa. 2E da AGG su ne 2.0. A Golf 4, AKL da AEH su ne 1.6 mai bawul takwas. Kada ka tsaya a takardar but kaɗai, domin ita tana faɗin injin da motar ta baro Jamus da shi ne. Motar da ta yi shekaru tana Kano zuwa Haɗeja mai yiwuwa injinta na biyu ko na uku ke ciki, wanda aka sauko da shi daga kasuwar kayan mota ta Ƙofar Ruwa a Kano. Sa makanike ya goge baƙin man da ya daskare a bulok, ya haska da fitilar waya, ku karanta tare. In dillali ya ce, "Haba Alhaji, ai 1.8 ce, ga shi an rubuta a baya," ka tuna harafin da ke bayan but da gam ake manna shi.

Shekarar mota ma haka. A lambar cesis, harafi na 7 da na 8 suna faɗin zubi: 1H Golf 3 ce, 1J Golf 4, 1K Golf 5. Na 10 kuma shekara ce: S 1995, T 1996, V 1997, W 1998.

Sai maganar doki, inda na fi so a tsaya a fahimta, domin nan ne masu ɗan karatun mota suke faɗawa. Da farko akwai ruɗanin ma'auni. Takardun Jamus da kilowat suke rubutawa, kuma kilowat ɗaya doki 1.36 ne. Wanda ya ga 66 a takarda ya zaci injinsa rago ne, alhali doki 90 ke nan. Wannan ƙarami ne. Babban shi ne cewa adadin dokin da aka rubuta, inji ba ya ba da shi sai yana kururuwa, a injin fetur wajen juyi 5,000 ko fiye a minti. Wane direban haya ne yake tuƙi a nan? Wanda ya ɗauko fasinja da buhunan gero daga ƙauye ranar Alhamis zai je kasuwar Maigatari, ya shiga yashi a giya biyu, allurar juyinsa tsakanin 2,000 da 3,000 take yini. Abin da yake fitar da shi daga yashin shi ne ƙarfin murɗa, wato ƙarfin da inji yake juya ƙafa da shi, wanda ake aunawa da Nm, da kuma juyin da ƙarfin yake zuwa.

Ga misalin da ya isa a riƙe. Injin 1.8 na Golf 3 mai doki 90 yana ba da Nm 145 a juyi 2,500. Injin 1.6 na Golf 4 mai lamba AKL yana da doki kusan 100, shi ma Nm 145 ne, amma sai ya kai juyi 3,800. A takarda na biyun ya yi nasara da doki goma. A hanyar burji da lodi, na farkon ya riga ya ba da duk ƙarfinsa tun kana taka totur kaɗan, na biyun kuwa sai ka sauko giya ka matsa masa. Ƙari a kan haka Golf 4 ta fi Golf 3 nauyi da abin da ya kai kilo 100, kamar a ce an ɗora mata buhun masara guda tun fasinja bai shiga ba. Direbobin da suke cewa Golf 3 ta fi jan lodi ba son zuciya suke ba, ƙafarsu ta gaya musu gaskiya. A kwalta mai kyau kuma, mota ba lodi, Golf 4 za ta wuce, ta fi shiru, ta fi zama a hanya, jikinta kuma an yi masa rufin da ke hana tsatsa. Kowacce da inda ta fi. Kafin ka kwatanta, faɗa wa kanka aikin da za ta yi.

Na gas ɗin ya ƙara fito da wannan fili. Injin 1.9 TDI na Golf 3 doki 90 ne, daidai da 1.8 na fetur, amma Nm 202 yake bayarwa a juyi 1,900. Wajen ja ba a haɗa su. Sai dai kafin ka yi sha'awa, duba kuɗin litar gas, ka kuma tambaya ko akwai mai iya gyaran famfonsa a kusa da kai.

Wani kuskuren shi ne gwada mota da ƙarfin da take da shi ranar da ta fito daga kamfani. Golf 3 mafi ƙuruciya a yau ta haura shekara 25. Ringi ya ci, bawul ba ya rufewa sosai, salansa ta toshe ko an fasa ta. Abin da ya fi wannan, da yawa an taɓa su. Injin 1.8 na Golf 3 injekta guda ɗaya gare shi a sama, a zaune kamar kafireto, ƙaramar kwamfuta tana auna masa mai. Da ya fara gardama, maimakon a nemo sensar da ta mutu ko iskar da ke shiga ta robar da ta tsage a gindinsa, sai a cire shi a ɗora kafireton Golf 2. Mota za ta tashi, za ta yi tafiya, amma lissafin littafi ya daina aiki a kanta, na doki da na shan mai duka. Tun da aka cire tallafin fetur a watan Mayun 2023, wannan bambancin a aljihun direba yake fita kullum. Haka nan in an sauya giyabos da na wani inji, ko motar otomatik ce, jan da za ka ji ba zai zama na injin kaɗai ba. In za ka gwada biyu, ka tabbata dukansu a yadda aka ƙera su suke.

Juriya kuwa, a nan ne son rai ya fi shiga. Ana cewa tsohuwa ba ta mutuwa, ga Golf 2 can tun zamanin soja tana aiki. Gaskiya ne tana aiki, amma waɗanda suka rage muke gani. 'Yan'uwanta da suka mutu an yanka su, da kayansu ake raya ita wannan. Abin da ya sa Golf 2 da Golf 3 suke daɗewa a ƙauye shi ne injin bawul takwas ba shi da tarkace da yawa, kayansa suna ko'ina, kuma yaron gareji a Wudil ko Ɗambatta zai kwance shi ya ɗaure ba tare da na'ura ba. Juriyar ta inji ce da ta garin da yake aiki a ciki, a haɗe.

Golf 4 ba raguwa ba ce, amma tana da wuraren da hanyarmu take kama ta. Kaskon baƙin mai na ƙasan injin, wanda makanikai ke ce wa botom filet, a Golf 3 na ƙarfe ne, in ya bugi dutse sai ya lotsa. A yawancin Golf 4 na alminiyom ne kuma yana kusa da ƙasa, in ya bugu tsagewa yake, mai ya tsiyaye a hanya, in direba bai lura da jar fitila ba inji ya buga. Wanda zai shiga da ita ƙauye da damina ya sa a yi mata farantin ƙarfe a ƙasa tun ranar farko. Wasu injinanta suna da sensar auna iska a bayan abin tace iska, ƙurar hunturu kuma ba ta raga mata, musamman in matatar ta yage ana ta bugewa ana mayarwa. Da sensar ta ƙazantu sai mota ta mutu a ƙafa, a ce inji ya gaji, alhali injin lafiyarsa lau. Famfon ruwanta ma akwai masu farfelar roba da take sakin sandarta, ruwa ya daina zagayawa ba tare da ɗigo ko ɗaya a ƙasa ba. Sannan injinan bawul 16 da 20, in taimin bel ya tsinke, bawul da fistin haɗuwa suke yi. Ranar da ka sayi irin wannan, sauya bel ɗin da famfon ruwa tare, kada ka dogara da abin da mita ta nuna, domin mita ana juya ta.

Golf 5 sai an ƙara lura. Mai injin 1.6 bawul takwas, doki 102, jikan tsofaffin injinan nan ne, yana da haƙuri. Masu FSI da TSI kuwa mai suke fesawa kai tsaye cikin silinda da matsi mai ƙarfi, suna son fetur mai tsabta da baƙin mai marar kauri irin 5W-30 ko 5W-40. Fetur ɗin galan na bakin hanya da 20W-50 da muka saba zuba wa kowace mota ba abincinsu ba ne. An kuma san 1.4 TSI na wancan lokaci da miƙewar sarƙar taimin. Wanda garejin da ke da na'urar duba kwamfutar mota ya yi masa nisa, ni dai ba zan ba shi shawarar waɗannan ba, komai yawan dokinsu.

Akwai laifin da ake ɗora wa zubin mota alhali namu ne. An cire tamostat, wato abin da ke daidaita zafin ruwan inji, an haɗa fanka kai tsaye, an cika lagireto da ruwan rijiya, wai saboda zafin bazara. An ƙera injin Golf ne allurar zafinsa ta zauna a 90. In ba ya kaiwa nan, kwamfuta tana ɗauka har yanzu bai ɗumama ba, sai ta ci gaba da ƙara mai, fulogi ya yi baƙi, fetur ya riƙa wanke bangon silinda. Ruwan rijiya kuma yana tara gishiri da tsatsa har lagireto ya toshe, zafin da ake gudu ya zo ta wata ƙofar. Motar da ke zafi a watan Afrilu, a duba lagireto, murfin tulun ruwa, sensar fanka da famfo. Zubin da ya fi sabunta shi ya fi jin jiki da irin wannan gyaran, daga nan sai a yi ta yaɗawa cewa Golf 4 ba ta jure Arewa.

In ka taƙaita zaɓinka zuwa mota biyu, je ka gan su da sassafe kafin kowa ya tashe su, ka ɗora hannu a kan inji ka ji da sanyinsa. Tsaya a baya a tayar. Shuɗin hayaƙi baƙin mai take ci, baƙi fetur ya yi yawa, fari mai kauri da ba ya ɗaukewa bayan ta ɗumama kuwa ruwa ne yake shiga silinda. Buɗe murfin baƙin mai, in ka ga abu kamar madara a jikinsa, ko tulun ruwa yana kumfa inji na aiki, gasket ya tafi. Ka ce da makanikenka, "Oga, a auna mini matsin silinda huɗun nan," in ɗaya ta yi ƙasa da sauran sosai, a rage kuɗi ko a bar ta. Daga nan ku cika ta da mutane, ku bar kwalta, ku nemi hawa ko yashi, ka saka giya uku a juyi 2,000 ka taka, sannan ku yi wa ɗayar haka a wuri ɗaya da mutanen nan dai.