Kurakuran da Aka Fi Yi Wajen Fahimtar Guguwar Teku da Hasashenta

Kuskuren farko daga sunan yake farawa. Idan aka ce guguwa, Bahaushe yakan tuna da wadda ke murɗawa a fili da bazara, ta kwashi ƙura da ledoji, ta mutu nan take. Ta teku kuwa faɗinta yakan kai ɗaruruwan kilomita, kuma ba ta tashi sai a kan ruwan da ɗuminsa ya kai kusan digiri 27 a ma'aunin Celsius, domin tururin ruwan ne abincinta: idan ya hau sama ya zama hadari sai ya saki zafi, zafin ya ƙara zuƙo iska daga ƙasa, juyawar duniya kuma ta murɗa iskar. Da yawa daga manyan guguwar tekun Atlantika sun samo asali ne daga hadarin damina da ke ratsa Afirka ta Yamma ya faɗa teku ta wajen Senegal.

Kuskuren da ya fi cin rayuka shi ne dogaro da lambar mataki. Ma'aunin Saffir-Simpson, daga 1 zuwa 5, ƙarfin iska kaɗai yake aunawa, alhali ruwa ne ya fi kisa. Guguwar Katrina tana mataki na 3 ta sauka a gaɓar Amurka a 2005, amma tekun da ta tunkuɗo ya fi ƙarfin katangun kariya na New Orleans, mafi yawan birnin ya nutse. Guguwar Harvey kuma, a 2017, ta tsaya cik a kan jihar Texas tana zuba ruwa kwana da kwanaki. Gyaran shi ne a karanta gargaɗin tumbatsar teku da na ambaliya kafin a dubi lambar.

Akwai kuma taswirar da cibiyar hasashen guguwa ta Amurka da ke birnin Miami ke fitarwa, mai zane kamar mazurari. Mutane sukan ɗauka girman guguwar ne, ko kuma wanda ke wajen zanen ya tsira, alhali inda tsakiyarta za ta iya bi kawai yake nunawa, kuma faɗinsa yana ƙaruwa ne saboda hasashen kwana biyar bai kai na gobe tabbas ba. Hasashen ƙarfi ya fi na hanya wuya: guguwar Otis ta haura zuwa mataki na 5 cikin kusan kwana guda kafin ta afka wa birnin Acapulco na ƙasar Mexico a 2023.

Idan iska ta ɗauke farat ɗaya kada a fito, domin mai yiwuwa idon guguwar, wato tsakiyarta da iska ke lafawa, ne ke wucewa, kuma ba da jimawa ba za ta dawo daga ɗaya ɓangaren da ƙarfinta.