Yadda za ka yi aiki da dabarar Aristotul kafin ka hau dandamali

In an ba ka rol a wasan kwaikwayo, kar ka fara da tambayar wai me mutumin nan yake ji a ransa. Fara da me yake yi. Aristotul, masanin falsafa na tsohuwar Girka, ne ya kawo wannan a littafinsa Poetics wajen shekara ta 335 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), a wurinsa aiki ake kwaikwaya a wasa, halin mutum kuma a zaɓin da ya yi ake gane shi. Abubuwa 6 ya lissafa da ke haɗa wasan ban tausayi, tsarin labari ya sa a gaba, kwalliyar dandamali can ƙarshe.

To ga yadda nake yi. Ɗauki sikirif da fensir, kowane layi naka ka rubuta aiki ɗaya a gefe, ina roƙonta, ina tsorata shi, ina ɓoye gaskiya. Kar ka rubuta "baƙin ciki", wallahi fuska kawai za ka yi ta yamutsawa ba abin da zai fito. Amma ka ce so nake na hana ta fita daga ɗakin nan, nan take za ka ga ƙafarka ta san inda za ta tsaya, hannunka ya kai ƙofa, muryar ma ta sauka da kanta.

A rihazal kuma ka rufe fuskarka. Girkawan zamanin da, da abin rufe fuska suke wasa, kuma filin wasansu na Efidaurus na ɗaukar mutum wajen 14,000, na sahun ƙarshe ina zai ga hawayenka? Kafaɗa da tafiya da murya yake bi. Yi sin ɗin, wato fitowar, sau biyu a haka, abokin wasanka ya faɗa maka abin da ya gane.

Kukan fa na 'yan kallo ne. Abin da Aristotul ya kira katarsis, wato tausayi da tsoro su taso su wanke zuciya, su ake yi wa, in ka riga su fashewa ka cinye musu rabo, riƙe shi a maƙogwaro tukuna.

Malaminsa Aflatun kuwa tsoron kwaikwayo yake yi, a ganinsa abin da ka daɗe kana kwaikwaya zai iya zama ɗabi'arka, ni kam ban raina maganar nan ba ko kaɗan. In ka taka mugu, kana sauka ka cire kayan wasan, ka wanke fuska, ka yi ko minti 5 ne kana hira da muryarka ta ainihi kafin ka kama hanyar gida.