Yadda Ake Haɗa Kamal, Ma'aunin Tauraro na Matuƙan Teku, a Gwada Shi a Maraɗi

Daga Maraɗi zuwa bakin teku tafiya ce ta wajen kilomita dubu, shi ya sa yaron lakwal yake ɗaukar tarihin jiragen ruwa a matsayin labarin wasu mutane can daban. Alhali teku ta daɗe da shigowa gidajenmu. Kalmar kuɗi jam'in wuri ce, wuri kuwa daga tsibiran Maldif na Tekun Indiya jirage suke kwaso shi, a sauke a gaɓar Afirka ta Yamma, fatake su hauro da shi. Lokacin da Bajamushen nan Barth ya bi ta Tasawa da Katsina ya shiga Kano a 1851, wuri 2,500 ake canzawa da dalar azurfa guda. Gyaɗar da ta ɗaga sunan Maraɗi, da rogo, da masara, da barkono, duk daga nahiyar Amurka suka ƙetaro cikin jirgi. Malamin da ke son yara su gane yadda matuƙan da ba su da inji ko na'ura suke dacewa da tashar da suka nufa, ya sa su haɗa kamal da hannunsu.

Kamal ɗan falankin katako ne da zare mai ƙulle-ƙulle. Da shi matuƙan Larabawa da na Indiya suke auna tsayin tauraron arewa daga layin da sama ta haɗu da ruwa. Tsayin nan daidai yake da nisan wurin da kake tsaye daga layin tsakiyar duniya, Ikwaita. A Maraɗi digiri 13 da rabi ne, a Kalikut ta Indiya 11 da kwata, a Jidda 21 da rabi. Matuƙi yakan yi wa kowace tasha ƙullinta. Sai ya yi arewa ko kudu har tauraron ya zauna daidai kan ƙullin tashar da yake so, daga nan ya karkata gabas ko yamma yana kiyaye tsayin kowane dare har ƙasa ta bayyana. Su da yatsa suke ƙirgawa, isba'i, wanda ya ɗan haura digiri ɗaya da rabi. Ahmad Ibn Majid, shahararren matuƙin nan ɗan garin Julfar na gaɓar ƙasar Larabawa, ya rubuta awon tasoshi masu yawa da wannan ma'auni a ƙarshen ƙarni na 15.

Ka je wajen kafinta ya yanko maka falanki marar kauri, tsawo santimita 10, faɗi 5. Tsawon nan shi ne ran aikin, don haka ka auna da kanka, ka sa ya goge bakunan biyu su miƙe sumul. A huda tsakiyarsa da ƙusa. Zare kuwa ka nemi irin na baduku mai kakin zuma, santimita 80. Zaren roba yana miƙewa idan an ja shi, na auduga kuma yana saki da ya sha yawu ko raɓa, kuma santimita guda na kuskure a zare ya kai wajen kilomita 35 a ƙasa. In na auduga kaɗai ka samu, ka jiƙa shi, ka rataya masa dutse ya kwana, ya gama miƙewarsa tun kafin a yi ƙulli. Ka zura zaren cikin hujin, ka yi ƙaton ƙulli ta baya. Bakin sama da bakin ƙasa na katakon ka shafa musu farin alli, don cikin duhu baƙin katako ɓacewa yake yi.

Riƙonsa haka ne: ƙulli a tsakanin haƙora, katako a tsaye a hannu, a tura shi gaba har zare ya ɗame. Ido ɗaya a rufe, kuma kullum da ido guda za a riƙa dubawa. Bakin ƙasa ya zauna kan layin ruwa, bakin sama ya taɓa tauraro.

Wajen yin ƙulli ne yawancin masu gwadawa suke yin tuntuɓe. A lissafi, katako mai santimita 10 yana rufe digiri 13 da rabi idan yana nesa da ido da santimita 41.7. Mutum sai ya ɗauki tef ɗin tela ya auna 41.7 a zare ya ƙulla, ya manta cewa zaren a baki yake ƙarewa, ido kuma yana sama da baki, yana ɗan baya. Fuskar kowa daban. Saboda haka a jikin bango ake daidaita kamal, kuma kowane yaro da nasa. Ka kafa turke mita 5 cif daga bangon aji mai tsawo, ka sa yaro ya zauna a tabarma idonsa yana gefen kan turken. Ka ja layi a bango daidai da tsayin kan turken, da tiyon ruwa irin na magina, wanda ruwan bakinsa biyu yake nuna daidaito. Daga wannan layi ka auna sama ka yi alama da alli: santimita 99 Kalikut, 106 Kano, 115 Katsina, 120 Maraɗi, 153 Agadas, 197 Jidda. Yaro ya cije zaren, ya riƙa sassautawa ko jawowa har katakon ya cike tsakanin layin ƙasa da alamar garin, wani ya ɗiga tawada a zaren daidai bakin haƙori. A maimaita sau uku kafin a ƙulla, kuma a fara da ƙullin da ya fi kusa da katako, wato na Jidda, domin kowane ƙulli yana cin zare kaɗan, ya gusar da na bayansa. Za ka ga ƙullin Katsina da na Maraɗi ba su kai santimita 2 tsakani ba. Tashar Adan ta Yaman kuwa, mai digiri 12.8, kusan ƙulli ɗaya suke da Katsina, abin da yara ba sa mantawa in sun gani a taswira.

Saura babbar matsalarmu ta mutanen tudu: ba mu da layin ruwa. Matuƙi yana da shi shimfiɗe a gabansa, mu kuwa katanga ce da dalbejiya da rufin kwano. Wanda ya ɗora bakin katako a kan katangar maƙwabci zai sami awo ƙasa da gaskiya da digiri biyu ko uku, ya ce kamal ƙarya ne. Sai mu yi namu layin. A fili mai buɗaɗɗen arewa, kamar filin ƙwallo ko gonar da aka girbe a bayan gari, ka kafa turken ido, sannan ka kafa sanda biyu mita 10 arewa da shi, ka ɗaura farar igiya tsakaninsu daidai da tsayin turken, da tiyon ruwan nan dai. Tun da rana ake wannan aiki. Da dare wani ya haska igiyar daga gefe da ƙaramar tocila da aka rufe bakinta da jan ƙyalle, don farin haske yana kashe ido, sai an yi minti goma ko fiye kafin taurari su dawo. Idan igiya ta kauce da santimita 5 a nisan mita 10, kuskuren kusan sulusin digiri ne. A mita 5 ninki biyu, shi ya sa aka kai ta nesa.

Tauraron arewa ba shi da hasken da ake zato. Matsakaici ne, yana ƙasa-ƙasa, tsayinsa bai fi dunƙulen hannu ɗaya da ɗan ƙari ba idan ka miƙe hannunka. A watan Maris da Afrilu ka nemi taurari bakwai masu siffar ludayi a arewa maso gabas. Biyun da ke bakin ludayin ka bi layinsu ninki biyar na tazarar da ke tsakaninsu, za su kai ka kansa. A Oktoba ludayin yana ƙarƙashin ƙasa da farkon dare, sai ka nemi taurari biyar masu siffar harafin W a kishingiɗe, ta dama. Buɗaɗɗen bakinsu yana kallon tauraron, tazarar wajen dunƙule uku. Oktoba ta fi, domin damina ta wanke sama, hazon hunturu bai sauko ba. Daga Disamba zuwa Fabrairu ƙura takan haɗiye duk abin da ke ƙasa da digiri 15, a yi ta leƙe a banza. Daren farin wata ma a bar shi.

Akwai kuma abin da matuƙan da suka fi damuwa da shi: tauraron bai zauna cif a kan ƙusar sama ba, zagaya ta yake yi a ɗan ƙaramin da'ira. A yau kaucewar ta kai wajen sulusi biyu na digiri, a zamanin Ibn Majid ta haura digiri 3. Wato kana iya auna 14 da ɗoriya da magariba, ka sami ƙasa da 13 da asuba, a wuri guda. Maganinsa taurari biyu ne da Larabawa ke kira Farƙadaini, dunƙule ɗaya da rabi daga tauraron arewa. Ka jira har mafi hasken cikinsu, mai ɗan ja-ja, ya zo kafaɗa da kafaɗa da tauraron arewa, ta hagu ko ta dama, a lokacin ne awo yake gaskiya. A Maraɗi hakan yana faɗowa wajen ƙarfe 7 da rabi na dare a kwanakin 20 ga Oktoba, da wajen ƙarfe 9 a ƙarshen Maris, kuma kowane mako yana matsowa da kusan rabin awa.

In duk an kiyaye wannan amma tauraro ya ƙi zama kan ƙullin Maraɗi, ka duba hannu. Katako ya karkata gaba ko baya, sai ya gajarta a ido, kuskuren ya haura rabin digiri. Ko zare ya saki. Ko yaro ya ɗaga haɓa yana bin tauraro, alhali a bango kansa a miƙe yake. Ko kuma yana ƙoƙarin ganin katakon tar-tar, ido kuwa ba ya iya riƙe na kusa da na nesa lokaci guda. A gaya masa ya kafa ido kan tauraro, ya bar bakin allin ya yi dishi-dishi. Kowa ya auna sau biyar a ɗauki na tsakiya. Rabin digiri sama ko ƙasa awo ne mai kyau, kilomita 55 ke nan, tunda digiri guda kilomita 111 ne.

Kamal yana da iyaka, kuma ya kamata yara su ji ta, don a kanta tarihin ya juya. Wanda ya kai shi Yamai zai ga tauraro a kan ƙullin Maraɗi, duk da tafiyar fiye da kilomita 600, domin gabas da yamma ba ya gani. Auna gabas da yamma sai da Bature John Harrison ya ƙera agogon da ke riƙe lokaci a teku, aka gwada shi a tafiyar Jamaika a 1761. Kudu da Ikwaita kuma tauraron nutsewa yake yi, don haka jiragen da iskar arewa maso gabas ke turawa Zanzibar daga Nuwamba zuwa Maris da wasu taurari suke ƙarasa tafiya. Can suke zama watanni suna jiran iskar ta juya a Afrilu, suna ciniki, suna aure, har aka sami al'ummar Sawahili, sunan da ya fito daga kalmar Larabci ta gaɓa, tushe guda da Sahel ɗin da muke ciki. Idan akwai direba a unguwa mai zuwa Agadas ko Kwatano, a ba shi kamal guda da aka daidaita da fuskarsa. A Agadas zai koma ƙullin garin, wanda ya fi na Maraɗi kusa da katako. A Kwatano, mai digiri 6 da ɗan ƙari, hannunsa ba zai kai ba sai ya kwantar da katakon ya yi aiki da gefen santimita 5, kuma a can da wuya ya ga tauraron saboda laima da hasken tashar jirage, sai ya fita bayan gari a daren da sama ta washe.